Ɗan Makaranta Tsakanin Gida Biyu: Littafin Hoggart a Ma'aunin Ƙasar Dutse

Turawa sun wallafa littattafai da yawa a kan bambancin daraja da ke tsakanin mutanen ƙasashensu, watau yadda jama'a ta kasu hawa hawa, masu gadon dukiya a bisa, ma'aikatan ƙarfi a ƙasa, masu matsakaicin hali kuma a tsakani. Malamanmu da suka yi karatu cikin Turanci sun san littattafan nan, har sau da yawa sukan ɗauko mudun da ke ciki su auna Hausawa da shi, ba su tsaya sun duba ko hatsin iri ɗaya ne ba. Nufina a wannan takarda in ɗauki ɗaya daga cikinsu in gwada shi a kan ƙasar Dutse, mu ga inda ya zauna daidai, da inda ya ƙi zama.

Littafin shi ne The Uses of Literacy, watau amfanin da ake yi da iya karatu, na Richard Hoggart, wanda ya fito a Ingila cikin 1957. An haifi mawallafin a birnin Leeds cikin 1918. Iyayensa sun rasu tun yana ƙarami, kakarsa ce ta rene shi a Hunslet, unguwar leburori da ma'aikatan masana'antu. Ya ci jarrabawa aka ɗauki nauyin karatunsa har jami'a, daga baya ya zama mai koyar da manya a ajin yamma. Littafin kashi biyu ne. A kashin farko ya bayyana zaman unguwarsu: uwa da yadda take riƙe gida da 'yan kuɗi kaɗan, maƙwabtaka, waƙoƙin da ake yi a gidajen shaƙatawa, da yadda talakan Ingila ya raba duniya biyu, mu da su, su ɗin kuwa su ne masu ofis da masu hukunci. A kashi na biyu ya yi kukan yadda mujallun banza da kiɗan Amurka suke cinye wannan zama. Wannan kashi ya tsufa, kuma akwai ƙorafin dattijo a cikinsa fiye da hujja, ko da yake mawallafin bai kai shekara arba'in ba sa'ad da ya rubuta shi. Amma can wajen ƙarshe akwai babi guda da bai tsufa ba, shi ne wanda ya yi a kan ɗan talaka da makaranta ta ɗauke daga gidansu.

Hoggart ya nuna yaron nan yana aikin makaranta a gefen teburin da ake cin abinci, ana hira ana hayaniya a kansa. Ya koyi baki biyu, na gida da na aji. Ya gwanance wajen cin jarrabawa da faranta wa malamai, amma ba shi da gaba gaɗi. In ya komo unguwa ba ya sakewa da abokan wasansa, in ya shiga cikin 'ya'yan masu hali kullum yana tsoron kada harshensa ko rigarsa su tona shi. Gwanintar babin ita ce mawallafin bai yi wa yaron kirari ba, bai kuma zarge shi ba, domin kansa yake bayyanawa.

Kafin mu kawo yaron nan Dutse, sai mu tuna da cewa Hausawa suna da nasu mudun. M. G. Smith, wanda ya yi bincike a ƙasar Zazzau cikin 1949 da 1950, ya buga wata maƙala a mujallar Africa cikin 1959 a kan yadda Hausawa ke jera daraja. Ya nuna babbar katanga tana tsakanin masu sarauta da talakawa, sa'an nan sana'a ita ke sanya namiji a gurbinsa: malamai da attajirai a bayan masu sarauta, manoma da yawancin masu sana'a a tsakiya, mahauta da makaɗa da 'yan dako a ƙasa. Ya kuma bambanta karda, watau sana'ar da mutum ya gada, da shigege, wadda ya shiga da kansa, ya ce ta gado ta fi daraja a idon jama'a. Ashe kuɗi kaɗai ba ya yanke hukunci. Sarkin fawa ya iya fin limamin unguwa dukiya nesa ba kusa ba, amma a wurin neman aure aka san wanda ke gaba. Polly Hill kuma, a littafinta na 1972 a kan Batagarawa ta ƙasar Katsina, ta kasa manoman garin kashi huɗu bisa ga ƙarfinsu, ta nuna akwai waɗanda talauci ya hana su ko noman ma, sai ƙwadago a gonar wani. Duk da haka ba ta yarda a kira su aji irin na Turai ba, domin rabon gado yakan warwatsa dukiyar mai gida bayan rasuwarsa.

To, ina masu matsakaicin hali a cikin wannan jeri? A zamanin En'e 'yan kaɗan ne: malamin makaranta, malamin asibiti, magatakarda, malamin gona. Yawancinsu kuma a jikin sarauta suke, domin makarantar da Ɗan Hausa ya buɗe a Nasarawa ta Kano cikin 1909 'ya'yan sarakuna da malamai aka fara nema mata. Sa'ad da aka kafa jam'iyyar NEPU a Kano ran 8 ga Agusta 1950, takardar manufofinta ta yi maganar gwagwarmaya tsakanin ɓangare biyu ne kurum, masu riƙe da En'e da talakawa. Ba a ba na tsakiya gurbi ba, ko da yake Malam Aminu Kano, wanda ya zo ya ja ragamar jam'iyyar, malamin makaranta ne.

Abin da ya sa Dutse ta dace da wannan gwaji shi ne a gaban idon mutanen da ke raye aka yi mata wannan rukuni. Kafin 27 ga Agusta 1991 ƙaramin gari ce a cikin Jihar Kano, da fada a Garu, da duwatsu, da dabino, da manoma. Da aka yanke Jihar Jigawa aka mai da ita hedkwata, sai ga ma'aikata an kwaso daga Kano, babu isassun gidajen da za a sauke su. Da yawa suka bar iyali a Kano, su zo ran Litinin su koma ran Jumma'a. Sannu a hankali aka gina unguwanni irin su Takur da Gida Dubu, aka buɗe jami'ar tarayya cikin 2011, masu albashi suka zauna da gindinsu. Leeds masana'anta ce ta gina ta, Dutse ta yau kuwa albashin gwamnati ne. Wannan bambanci ba ƙarami ba ne. Mutanen Hoggart suna da “su” da za su nuna da yatsa, masu masana'anta da masu ofis. Ma'aikacin Dutse shi ne “su” a idon manomin Kiyawa ko Jahun da ya zo da takarda yana jira a bakin ofis, alhali kuwa wataƙila wansa ne uwa ɗaya uba ɗaya.

A nan babin Hoggart ya zauna daram. Duk malamin kwalejin horon malamai ya san yaron nan. An ɗauke shi daga ƙauye an kai shi makarantar kwana, a ce Birnin Kudu. Ya komo hutu damina ta yi nisa, hannunsa ya yi laushi, in ya riƙe fartanya ƙannensa na dariya. Tsohuwarsa ta fara ce masa Malam cikin wasa, har sunan ya bi shi. Yana son ya yi karatu da dare, ba fitila sai ta ɗakin uwa, don haka ya fi zama da mata bisa ga samarin dandali, daidai yadda Hoggart ya lura a Hunslet. Hausarsa ma ta zama biyu: ta gida, da wadda ake yayyafa wa Turanci. Ban san wani littafi da ya bayyana kunyar da ke cikin wannan hali kamar na Baturen nan ba, watau kunyar gida a gaban abokai, sa'an nan kunyar cewa an ji kunyar.

Amma daga nan hanya ta rabu. Yaron Hoggart in ya haye, ya haye ke nan. Halayen da littattafan Turawa ke jingina wa masu matsakaicin hali su ne tattali, da tanadi domin gobe, da rufe ƙofa a kan mata da 'ya'ya, kowa tasa ta fisshe shi. Ciwon yaron kaɗaici ne. Na Dutse ba ya samun kaɗaicin ma. Ran da albashi ya shiga, kafin la'asar an san da shi a ƙauye: kuɗin taki, maganin tsoho, kayan ɗakin ƙanwa, ɗan wa da aka aiko ya zauna a gidansa ya yi sakandare. In ya rufe ƙofa irin ta Bature, sai a ce boko ta cinye shi, ya yanke zumunci, wannan kuwa zargi ne da addini ma ya ƙarfafa. Abin da yake roƙo a addu'arsa shi ne rufin asiri, kuma ina ganin wannan kalma ita ce ta fi kusa da abin da Turawa ke nufi da matsakaicin hali, sai dai ba daidai suke ba. Rufin asiri ba yawan abin hannu ba ne. Shi ne kada a ga gazawarka ran suna, ko ran salla, ko ran da baƙo ya sauka. Mutum ya iya cin bashi domin asirinsa ya rufu, abin da a ma'aunin Bature rashin tattali ne ƙarara. Wanda ya karanta Hoggart bai riƙe wannan ba, zai ɗauka ma'aikacinmu almubazzari ne, alhali haraji yake biya wanda ba a rubuta a takardar albashi ba.

Sai mu tambaya, me littattafanmu na Hausa suka yi da mutumin nan? A cikin waɗanda na karanta, abu kaɗan. Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, na 1934, ya nuna ilmi yana ɗaga wanda bauta ta ƙasƙantar, amma ilmin addini ne, ba ya raba mutum da harshen uwarsa. Kitsen Rogo na Abdulƙadir Ɗangambo ya kai ɗan ƙauye birni ya lalace, ya komo da shi gida, watau maganin tsaka mai wuya shi ne a koma baya. Turmin Danya da Tura Ta Kai Bango na Sulaiman Ibrahim Katsina sun ja dāgā tsakanin azzaluman masu kuɗi da mulki da talakawa, irin jan dāgār NEPU. In Da So Da Ƙauna na Ado Ahmad Gidan Dabino, wanda ya fito a shekarar da aka yanke Jigawa, ya ɗora Sumayya 'yar masu hali da Muhammad ɗan talaka a kan sikeli, so ya rinjayi dukiya. Dukansu iyaka biyu suke gani, mai shi da marar shi. Wanda ya fi kusa shi ne Alhaki Kuykuyo Ne na Balaraba Ramat Yakubu, na 1990, inda Rabi, bayan miji ya kore ta da 'ya'ya, ta kama sayar da abinci domin ta riƙe su. A nan ne mai karatu ke jin nauyin kwabo da sisi kamar yadda ya ji shi a hannun iyayen Hunslet. Duk da haka, auren 'yarta Saudatu da wani attajiri shi ya buɗe wa gidan ƙofar sauƙi. Marubutanmu sun fi yarda da sa'a da aure bisa ga albashi, kuma ba zan ce sun yi ƙarya ba. Sai dai sun bar mana malamin firamare da akawu da ungozomar asibiti a bakin labari, ana aikensu, ba a ba da labarinsu.

Akwai wani littafi da ya biyo bayan na Hoggart da shekara guda, The Rise of the Meritocracy na Michael Young, na 1958, wanda ya kamata a karanta su tare. Zambo ne. Ya ƙaga Ingila ta nan gaba inda jarrabawa kaɗai ke raba matsayi, ya nuna waɗanda suka haye za su ce cancantarsu ce, su daina jin nauyin na ƙasa, sa'an nan su san dabarar gadar wa 'ya'yansu kujerun. Mutane suka ɗauki kalmar da ya sa a sunan littafin suka mai da ita yabo, har cikin 2001 ya fito a jarida yana ƙorafi. In muka fassara gargaɗinsa da kalmomin Smith, sai mu ce boko ta shigo ƙasar nan a shigege, ga ta tana neman zama karda. Ma'aikacin da ya fito daga ƙauyen Birnin Kudu ɗan manomi ne, yana da wa mai fartanya. Ɗansa da aka haifa a Takur, aka sa shi makarantar kuɗi tun yana shekara uku, ba ya zuwa ƙauye sai da salla, shi ba zai ji ciwon yaron Hoggart ba, domin gida ɗaya gare shi. Harajin zumunci da uban ke biya yana gunaguni shi ne ya hana katangar rufewa har yanzu, kuma a kan ɗan ne za a ga ko za a ci gaba da biya. Cikin 2008 gwamnatin Sule Lamiɗo ta kira taron talakawa a Dutse domin su faɗi kukansu da bakinsu a gaban manya. Ko me mutum zai ce game da amfanin taron, kiransa kaɗai shaida ce cewa an fara bukatar dandali na musamman kafin na sama ya ji na ƙasa, a gari inda dā zaure ɗaya ya ishe su.

Ga malaman da za su koyar da littafin Hoggart, shawarata su tsallake yawancin kashi na biyu, su tsaya a kan bayanin uwa da babin ɗan makaranta. Kada kuma su fassara wa ɗalibai kalmar Turancin da “aji” su wuce, domin ɗalibi zai zaci hawa uku ne a jere kamar na makaranta, wanda ake ci a wuce. A sa kowane ɗalibi ya rubuta, da Hausa, mutum nawa ke ci daga albashin wanda ya biya masa kuɗin makaranta, da kuma sunan da ake kiransa da shi in ya koma gida hutu.