Darja a Dandamali: Sharhi a kan Zaɓin Harshe a Wasannin Kwaikwayon Katib Yasin na Aljeriya

1.0 Gabatarwa

Manufar wannan takarda ita ce ta duba wata shawara da marubucin nan na ƙasar Aljeriya, Katib Yasin (1929–1989), ya yanke a farkon shekarun 1970, wato barin rubutu da Faransanci domin shirya wasannin kwaikwayo da Darja, Larabcin da talakawan ƙasarsa ke magana da shi. Sau da yawa manazarta kan yaba wa wannan shawara ba tare da sun auna abin da ta haifar ba. Ra'ayin da za a kare a nan shi ne cewa Katib ya ba Darja dandamali amma bai ba ta takarda ba, kuma wannan giɓi yana cikin dalilan da suka sa aikinsa bai ɗaga matsayin harshen yadda ya yi fata ba. Kafin a kai ga hujja, ya kamata a fara bayyana yanayin harsunan ƙasar.

2.0 Yanayin Harsuna a Aljeriya

Harsuna huɗu ne ke gogayya a rayuwar mutumin Aljeriya. Na farko shi ne daidaitaccen Larabci, wato Fusha, harshen makaranta da huɗuba da takardun hukuma, wanda tsarin mulkin 1963 ya ayyana a matsayin harshen ƙasa. Na biyu shi ne Darja, wadda da ita ake ciniki da raha da renon 'ya'ya a mafi yawan gidaje. Na uku shi ne Tamazig, harshen mutanen da Larabawa suka tarar a ƙasar, wanda ya rarrabu zuwa Kabilanci a duwatsun gabas da Aljiyas, da Shawiyanci a duwatsun Auras, da harshen Mizab a yankin Gardaya, da kuma Tamahak na Buzayen Hoggar, ɗan'uwan harshen da ake ji a Agadas. Na huɗu shi ne Faransanci, gadon mulkin mallakar da ya ɗauki shekara 132, daga 1830 zuwa 1962, wanda ba shi da wani matsayi a tsarin mulki amma har yanzu ana cin abinci da shi a kamfanoni da asibitoci. Ban da waɗannan akwai ƙananan harsuna, kamar Korandje na garin Tabalbala, wanda dangin Zabarmanci ne.

Ita kanta Darja ba iri ɗaya ba ce. Masana sun kasa ta gida biyu: karin tsofaffin birane, wanda ya samo asali daga zuwan Larabawa na farko, da karin makiyaya, wanda ya bazu bayan ƙaurar Banu Hilal a ƙarni na 11. Furucin harafin ƙaf kaɗai ya isa ya nuna bambancin. Kalmar da ke nufin "ya ce", mutumin Aljiyas zai furta ta da ƙaf irin na Fusha, mutumin Wahran da makiyayi su ce "gal", mutumin Jijel ya ce "kal", tsohon ɗan birnin Tilimsan kuwa ya mai da ƙaf ɗin hamza ya ce "al". Amma akwai siffofin da suka haɗa su duka, suka kuma raba su da Larabcin gabas. Alal misali, ana cewa "nekteb" da ma'anar "ina rubutawa", "nektbu" kuma "muna rubutawa", alhali a Fusha harafin nun na jam'i ne kawai. Haka kuma ana kore aiki da "ma" a gaba da "sh" a baya. Daɗin daɗawa, Darja ta ari kalmomi masu yawa daga Tamazig da Turkanci da Sifaniyanci da Faransanci.

3.0 Dalilin Juyawar Katib Yasin

Katib ya yi karatunsa ne a makarantar Faransawa. Yana ɗan makaranta a Saɗif aka yi zanga-zangar 8 ga Mayu 1945, wadda Faransawa suka murƙushe da kisan dubban mutane, shi ma aka kama shi aka tsare. A 1956 ya fitar da ƙagaggen labarinsa mai suna Najma da Faransanci, littafin da har yau ake lissafa shi cikin manyan ayyukan adabin Magrib. Shi da kansa ya ɗauki Faransanci a matsayin ganimar yaƙi, wato makamin da aka ƙwace daga hannun abokin gaba.

Sai dai bayan samun 'yanci ya ga cewa waɗanda ya rubuta labarinsu ba za su iya karanta shi ba, domin mafi yawan jama'a a lokacin ba su iya karatu da kowane harshe ba. Komawa ga Fusha ba za ta magance wannan ba, don kuwa manomi da lebura ba su fi fahimtarta ba. Saboda haka a 1971 ya shirya wasan da aka sani da sunan "Muhammadu, Ɗauki Akwatinka", a kan ma'aikatan da talauci ke korawa zuwa Faransa. An nuna shi a masana'antu da makarantu da ƙauyuka, aka kuma zagaya da shi cikin 'yan ci-rani a Faransa. Wasu wasannin suka biyo baya, a kan tarihin Magrib da kuma Falasɗinu, daga bisani kuma aka ba shi shugabancin gidan wasan kwaikwayo na Sidi Bal Abbas.

4.0 Abin da Zaɓin ya Cim ma

Adalci shi ne a fara da nasarar. Na farko, Katib ya karya da'awar da ke cewa Darja harshen barkwanci ce kawai, domin ya ɗora mata tarihi da siyasa ta ɗauka. Na biyu, ya gina wasanninsa a kan abin da masu kallo suka riga suka sani, wato waƙa da habaici da wayon Juha, maimakon tsarin wasan Turai. Na uku, ya tunatar da jama'a cewa Darja tana da tsohon adabi nata, domin waƙoƙin malhun sun kai aƙalla ƙarni na 16, zamanin Sidi Lakhdar bin Khaluf, kuma daga wannan jijiya ce waƙar sha'abi ta Aljiyas da ta rai ta Wahran suka sha ruwa. Ya yi duk wannan ne a zamanin Shugaba Bumadyan, lokacin da hukuma ta dage a kan mayar da komai Fusha, tana kallon Darja a matsayin gurɓataccen Larabci.

5.0 Inda Zaɓin ya Gaza

Rauni na farko, wanda shi ne mafi girma, ya shafi rubutu. Wasannin an shirya su ne tare da 'yan wasa, ana ƙari ana ragi daga wannan gari zuwa wancan, kuma Katib bai tsayar da matani guda da ƙa'idar rubutu guda ba. Da aka tashi buga waɗannan wasanni a littafi ɗaya a Faris a 1999, shekara goma bayan rasuwarsa, da Faransanci aka buga su. Ke nan ɗalibin da ke son nazarinsu a yau ta harshen da marubucin ya guje wa yake samunsu. Wasa yakan ƙare da watsewar taro, amma makaranta da littafi take aiki.

Za a fi ganin girman wannan rauni idan aka kwatanta shi da aikin tsararsa Maulud Mammari (1917–1989), wanda shi ma da Faransanci ya yi suna. Mammari ya tattara waƙoƙin Si Muhand ya buga su a 1969, ya rubuta nahawun Kabilanci da Kabilanci a 1976, ya daidaita rubutun harshen da baƙaƙen boko, sannan ya fitar da tarin tsofaffin waƙoƙin Kabilawa a 1980. Hana shi gabatar da lacca a kan waɗannan waƙoƙi a jami'ar Tizi Wuzu a watan Maris 1980 shi ne ya tayar da boren da ake kira Bazarar Amazig. Daga nan aka yi ƙauracewa makarantu a 1994 zuwa 1995, aka fara koyar da Tamazig, aka amince da ita a matsayin harshen ƙasa a 2002, sannan harshen hukuma a 2016. Ba a cewa nahawu ne kaɗai ya kawo wannan, domin Kabilawa sun yi gwagwarmaya sun kuma zubar da jini, musamman a 2001. Amma da ƙofar makaranta ta buɗe, akwai littafin da aka shiga da shi. Darja kuwa, wadda ta fi kowane harshe yawan masu magana, har yau tsarin mulki bai ambaci sunanta ba. Ko a 2015, da aka kawo shawarar amfani da ita a azuzuwan farko na firamare a zamanin ministar ilmi Nuriya Bin Gabrit, hayaniyar da ta tashi ta nuna yadda masu harshen da kansu ke ƙyamar ganinsa a aji.

Rauni na biyu shi ne zafin da Katib ya yi wa Fusha, kamar dai ba ta da abin da za ta faɗa wa ɗan Aljeriya. A shekarar da ya fara wasanninsa, wato 1971, Abdulhamid bin Hadduga ya fitar da Rih al-Janub, a 1974 kuma Ɗahir Waɗɗar ya fitar da Al-Laz, dukansu da Fusha, dukansu kuma a kan ƙauye da yaƙin 'yanci da rikicin cikin gida. Bugu da ƙari, Fusha a wurin jama'a tana haɗe da Alƙur'ani, saboda haka duk wanda ya kare Darja ta hanyar sukar Fusha ya riga ya rasa rabin masu sauraronsa. A nan Abdulƙadir Allula na Wahran, mai wasan Al-Ajwad na 1985, wanda aka kashe a 1994, ya fi shi dabara, domin ya gina harshen dandamali da ke tsakanin biyun, wanda talaka ke ganewa malami kuma ba ya raina shi.

Rauni na uku shi ne rashin fuskantar tambayar da bayanin sashe na biyu ya tayar: wace Darja? Baki yana iya sauya ƙaf gwargwadon garin da aka je, amma alƙalami dole ne ya zaɓi ɗaya. Wannan ba abu ne da ya gagara ba. Harshen Malta, wanda ɗan'uwan Larabcin Magrib ne, an daidaita rubutunsa a 1924, ya zama harshen hukuma a 1934, yau kuma yana da jaridu da littattafai.

6.0 Kammalawa

A taƙaice, Katib Yasin ya yi daidai da ya nemi jama'arsa a harshen da suke ji, kuma ba wanda zai ƙwace masa wannan lada. Kuskurensa shi ne zaton cewa dandamali zai wadatar. Abin da wannan takarda ke ba da shawara shi ne manazarta su nemo abin da ya saura na faifai da takardun 'yan wasansa, a buga wasannin da Darjar da aka yi su da ita, tare da bayanin ƙa'idar rubutun da aka bi. Sai an yi haka ne za a iya yanke hukunci na gaskiya a kan ingancin harshensa, domin abin da ke hannunmu a yanzu da Faransanci yake, Faransanci kuwa ba ya zama shaida a kan Darjar da aka yi wasannin da ita.