Jinjina ga 'Yan Rakiyar Baƙi na Tamale

A Peru, wasu baƙi kan yi kwana huɗu suna tafiyar ƙasa kafin su isa kufan Machu Picchu. Arewacin Gana ma na da nata kayan tarihi, kuma 'yan rakiyar Tamale ne ke kai mutane. Tun asuba suke ɗaukar hanya: a ga masallacin laka na Larabanga, a kwana a dajin Mole, da sassafe a bi sawun giwaye a ƙafa.

Amma a Salaga na fi jinjina musu. Nan fataken Hausa suka yi ta zuwa sayen goro, nan kuma aka sayar da bayi. A bakin tsofaffin rijiyoyin garin, ɗan rakiya nagari kan faɗi duka biyun, ba ya gaggawa, ba ya rufa-rufa.