Marubucin Fim da Ƙofar Masana'anta

In an nuna kamfani a fim ɗin Hausa, ofis ake nunawa: tebur mai sheƙi, kujera mai juyawa, Alhaji na sa hannu a takarda, ɗansa ya dawo daga Ingila zai gaji kujerar. Abin da kamfanin ke sarrafawa kuwa, sai dai mai kallo ya ƙiyasta. Alhali Bompai da Sharaɗa da Challawa suna nan a Kano, da majemunsu da masaƙu da kamfanonin roba, kuma da wuya ka ga labarin da ya shiga ƙofarsu.

Sana'ar rubutun fim a Kano daga littattafan soyayya ta taso. Marigayi Aminu Hassan Yakasai, wanda ya rubuta Turmin Danya da ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar a 1990, marubucin littafi ne, haka Ado Ahmad Gidan Dabino da Balaraba Ramat Yakubu. Sun zo da abin da suka ƙware a kai, wato cikin gida: kishi, auren dole, gado. Bayan fim ɗin Sangaya, waƙa da rawa suka karɓe ragama, 'yan kasuwar kaset na Ƙofar Wambai suka zama masu faɗa a ji. Marubuci ya koma mai ɗinka labari tsakanin waƙa da waƙa. Ga shi kuma a daidai wannan zamani ne masana'antun Kano ke durƙushewa, tun daga tsarin tsuke bakin aljihu na 1986 zuwa rashin wuta da kwararowar atamfar Sin. Magidanta sun rasa aiki, amma fim bai bi su gida ba.

A nan ne Aleksandar Gelman, marubucin fim da harshen Rashanci, yake da abin nuna mana. An haife shi a 1933 a yankin da yanzu yake cikin Moldoba. Kafin ya fara rubutun fim ya yi aikin masana'anta, ya kuma yi aiki a wurin ginin matatar mai ta Kirishi. Fim ɗinsa Premiya na 1974, wanda Sargei Mikaeliyan ya ba da umarni, kusan gaba ɗayansa a ɗakin taro guda aka yi shi. Wasu magina ne suka ƙi karɓar tukuicin cika aiki. Shugabansu Potapov ya zo gaban kwamitin jam'iyya da lissafi a rubuce, yana cewa ba a cika aikin ba, ma'aunin aka rage don manya su fita kunya, kuma zaman banzan da sakacinsu ya jawo ya ci wa leburori fiye da tukuicin. Ba soyayya, ba rawa. Abin da ke riƙe mai kallo shi ne wa zai ɗaga hannu ya goyi bayan gaskiya, ga maigidansa na kallonsa.

Gelman ya samu gatan da marubutanmu ba su da shi. A Tarayyar Sobiyat gwamnati ke biyan kuɗin fim, ana koyar da rubutunsa a makarantar fim ta Mosko, har a buga shi a mujalla kamar kowane adabi, ko da yake almakashin tacewa na biye da shi. Sai dai hujjar rashin gata ba ta da ƙarfi sosai, domin Sulaiman Sise na Mali, wanda ya yi karatu a Mosko, ya fitar da Baara a 1978 kan ma'aikatan wata masana'anta a Bamako, ya kuma ci babbar kyautar bikin finafinai na Wagadugu a 1979.

Yau da finafinai masu dogon zango irin su Daɗin Kowa da Labarina suka dawo wa marubuci da ɗan martabarsa, fili ya samu. Akwai manomin da ruwan jima ke bi ta gonarsa a bakin kogin Challawa, akwai leburan wucin gadi da ke tsaye a ƙofar kamfani tun asuba yana jiran a ɗauke shi. Marubutan Kano, ku shiga Sharaɗa ranar biyan albashi, ku saurari yadda ake magana.