Turanci a Bakin Matsafa: Dare Huɗu da Na Yi a Ajin Majigi



Tun da aka buɗe ajin daren nan da ake koyar da Turanci ta hanyar kallon fim, ba a rabu da tare ni a ƙofar masallaci ba. Wannan ya ce, “Malam, ya halatta?” Wancan ya ce, “Malam, kuɗin da muke biya duk wata ba asara muke ba kuwa?” Ni kuma ban iya yanke hukunci a kan abin da ban gani ba. Saboda haka na rufe rumfa da wuri har sau huɗu, na je na zauna a bencin baya tare da yara, ciki har da nawa guda biyu. Abin da na gani shi zan faɗa, wanda ya ga saɓanin haka fili a buɗe yake, ya rubuto.

Bari in fara da cewa ni ba maƙiyin Turanci ba ne. Shekarun baya na taɓa dangwala hannu a takardar hayar shago da ban iya karantawa ba, aka karanta mini rabi aka ɓoye rabi, wata shida aka fitar da ni da kayana, kuɗin shekara ya bi ruwa. Tun ranar na san rashin harshen nan a ƙasar Kurmi ciwo ne. Kuma duk wanda ya yi Islamiyya ya san Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya umarci Zaidu ɗan Sabitu ya koyi rubutun Yahudawa, ya kuwa iya shi cikin kamar rabin wata. Maganar koyon harshe ba ta da gardama. Gardamar tana kan hanya.

Malamin ajin yaro ne mai ladabi, bai daɗe da gama bautar ƙasa ba. Hujjarsa ita ce yaranmu sun gaji da littafin nahawu, amma in aka kunna labarin dodanni da matsafa ba mai gyangyaɗi. Wannan gaskiya ne, na gani da idona. Sai dai rashin gyangyaɗi daban, koyo daban.

Daren farko Harry Potter aka sa, kashi na ɗaya, wanda ya fito a 2001 daga littafin J.K. Rowling na 1997. Labarin maraya ne da ke kwana a wani ɗan lungu ƙarƙashin matakalar bene a gidan 'yar'uwar mahaifiyarsa, ana wulaƙanta shi, sai da ya cika shekara 11 wasiƙa ta zo masa daga makarantar koyon tsafi. Farkon fim ɗin, wallahi, akwai Turanci mai amfani: maganar gida, karin kumallo, wasiƙa, zuwa kanti, shiga banki, neman inda jirgin ƙasa yake tsayawa a tasha. Yarinyar nan Hermione tana fitar da kowane harafi tas, malaminsu Snape kuma yana magana a hankali kamar mai ƙirga kuɗi, ko ni na tsinci wasu kalmomi. Amma da zarar an shiga makarantar sai amfanin ya fara raguwa. Kalmomin da yara suka fi saurin kamawa su ne waɗanda marubuciyar ta ƙirƙira da kanta, irin su Muggle da Quidditch, da kuma kalmomin da ake faɗa in an ɗaga sanda, waɗanda ma ba Turanci ba ne, an sassaƙo su ne daga Latin. Washegari na ji yara a bakin famfo suna nuna wa juna tsinken tsire suna maimaita su ba kuskure. To, wace jarabawa ce za ta tambaye su wannan? Ga kuma ƙaton nan Hagrid, wanda yara suka fi so, Turancin ƙauyen Ingila yake yi, yana haɗiye ƙarshen kalmomi. Malamin bai tsaya ya gaya musu ba.

Kuma fim ɗin awa biyu da rabi ne, aka sake shi daga farko har ƙarshe ba tsayawa, in ban da inda aka ɗauke wuta aka tashi janareta. Da muka koma gida na ce wa babban ɗana ya ba ni labari. Ya zayyano shi tiryan-tiryan da Hausa, bai bar komai ba. Na ce to, faɗa mini jimla biyar da Turanci daga cikin abin da ka ji. Ya kawo ɗaya da rabi. Ashe ido ne ya yi aikin, kunne yana hutawa. Wannan bai kamata ya ba mu mamaki ba, mu da muka tashi da finafinan Indiya. Shekara nawa muka yi muna cika silima tun kafin a fara fassara su da Hausa? Mun san wanda zai mutu, mun san wanda zai auri yarinyar, mun haddace waƙoƙi, amma a cikinmu wa zai iya cinikin albasa da Indiyanci?

Dare na biyu shi ne ya fi ba ni haushi. The Lord of the Rings aka kawo, kashi na farko, shi ma na 2001, wanda Peter Jackson ya ɗauka a ƙasar New Zealand. Ba na musun cewa aiki ne babba. Duwatsu, dawakai, yaƙi, ga amana tsakanin abokai da ta burge ni. Amma a matsayin darasi, kuskure ne tun daga tushe. Tolkien da ya rubuta littafin farfesa ne na tsohon Turanci a jami'ar Oxford, kuma da gangan ya sa wa sarakunansa da dattawansa magana irin ta mutanen da, mai nauyi, mai kama da kirari. Wani wurin ma ba Turanci ake yi ba, wani harshe ne da shi ya ƙaga wa mutanen labarinsa. Sauran kuma ƙarar takobi ce da gudu da ihu, kusan awa uku. Mu da muka zauna a zaure mun san irin wannan. Mutum ya sha Maƙamatul Hariri, ya san kalmomin da Balaraben yau bai taɓa ji ba, ya sauka Jidda ya kasa tambayar inda ake sayar da ruwa. Yaron da zai je asibiti ya yi wa likita bayanin ciwon mahaifiyarsa ba ya bukatar harshen da ake kiran runduna da shi. Rabin ajin ma barci ya kwashe su a daren, hujjar rashin gyangyaɗin ta faɗi.

Yanzu maganar da aka fi tambayata, wato sihiri. Hukuncinsa a addini ba ɓoyayye ba ne. Aya ta 102 a Suratul Baƙara ta yi bayaninsa, kuma yana cikin manyan zunubai bakwai masu halakarwa da suka zo a Buhari da Muslim. Amma yin sihiri daban, jin labarin da aka ƙaga daban. Mu ma da tatsuniya muka girma, da Gizo da Ƙoƙi da Dodo. Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, tun 1934, cike yake da aljannu, an karanta mana shi a makaranta ba wanda ya ce mun bar hanya. Dare Dubu da Ɗaya kuwa sai wanda bai samu ba. Yaron da ya ɗaga tsinke ya faɗi kalmar Latin ba abin da zai tashi sama. In tsoro ne, ni na fi jin tsoron finafinan cikin gida da ake kunnawa a shagunan aski da ɗakunanmu, inda ake nuna mutum ya je wurin boka ya dawo ya yi kuɗi, domin shi bokan yana nan a bayan layi, ana iya zuwa a same shi. Waɗannan ba wanda ya taɓa tare ni a kansu.

Duk da haka akwai bambancin da ba zan rufe ido a kansa ba. A tatsuniyarmu mai tsafi abin gudu ne. A Harry Potter shi ne gwarzo, makarantarsa ce wurin da kowane yaro ke mafarkin zuwa, wanda ba shi da tsafi kuma shi ne abin tausayi. Saurayi ɗan shekara 16 da ya yi Ahalari da Ishmawi zai iya rarrabewa. Ɗan shekara bakwai fa? Na ga irinsu a bencin gaba, an turo su tare da yayyensu don a huta da su a gida. Wannan laifin iyaye ne, ba na malamin ba.

Wanda ya fi bukatar a yi hattara da shi ma ba shi ne ake zargi ba. Dare na uku an sa Narnia, na 2005, labarin yara huɗu da aka kwashe daga Landan lokacin yaƙin duniya na biyu saboda ruwan bama-bamai, suka shiga wata duniya ta cikin kabad ɗin tufafi. In don Turanci ne, ya fi biyun farko nesa ba kusa ba: yara ne ke magana da yara, gajerun jimloli, faɗan wa da ƙani, neman gafara. Amma zakin da ke cikinsa, Aslan, ya ba da kansa a yanka shi a madadin yaron da ya ci amana, gari na wayewa kuma ya tashi da rai. C.S. Lewis da ya wallafa littafin a 1950 sanannen marubucin addinin Kirista ne, bai kuma ɓoye abin da yake nufi ba. Ban faɗi haka don cin fuskar maƙwabtanmu ba, muna zaune lafiya da su, yaranmu aji ɗaya suke da nasu. Abin da nake cewa, wanda zai nuna wa 'ya'yan Musulmi wannan ya kamata ya san abin da ke ciki, ya kuma faɗa musu a fili. Da na yi wa malamin maganar bayan an tashi, sai ya riƙe baki, bai taɓa lura ba.

A nan zan yaba masa, domin ya saurara. Mun zauna muka yi ta magana, na ce masa mu a makarantar allo ba a ba yaro izu guda rana ɗaya. Layi biyu ake rubuta masa, ya biya, ya maimaita, ya kawo hadda, sannan a wanke. Ya ce ai su ma an koya musu irin wannan, tsoro yake kada yara su daina zuwa in ya riƙa katse musu kallo.

Dare na huɗu ya gwada. Ya kawo Paddington, na 2014, labarin wata 'yar dabba mai magana, irin wadda Bature ke kira bear, da ta taso daga ƙasar Peru ta sauka tashar jirgin ƙasa a Landan ba ta san kowa ba, tana neman wanda zai ba ta masauki. Ba sanda, ba tsafi, abin mamakin kawai dabba ce ke magana. Minti goma kacal ya ɗauka, wurin da baƙon ke gaida mutane a tasha suna wucewa ba mai kula shi, har wani iyali suka tsaya. Ya sa shi sau uku. Na farko kallo kawai. Na biyu da rubutun Turanci a ƙasan hoto, yana tsayawa yana tambaya. Na uku ya kashe murya, ya ce yara su zama bakin mutanen. Jama'a, ajin ya kama da wuta. Wata yarinya da ban taɓa jin muryarta ba ta tashi ta yi gaisuwa, ta gabatar da kanta, ta nemi taimako, duk cikin cikakkiyar jimla. Kuma labarin ya shige su, don ba wanda ke Sabo da bai san kakansa da jaka ɗaya ya sauka garin nan yana neman mai masauki ba. Da malamin ya tambaye su wa ya fara zuwa Ibadan a gidansu, hannuwa suka tashi, kowa yana ƙoƙarin faɗa da Turanci.

A wannan daren ne na gane ainihin inda fim ke da amfani ga yaranmu. Su ba kurame ba ne a harshe, yawancinsu suna da Hausa da Yarbanci da Buroka tun kafin su shiga firamare. Matsalarsu ita ce Burokan ya zauna a inda Turancin makaranta ya kamata ya zauna, ba sa jin inda ɗaya ya ƙare ɗaya ya fara. Sai ka ji an kira mace da lamirin namiji, abin da ya faru jiya an faɗe shi kamar yanzu ake yi, ga kuma tsohuwar cutarmu ta haɗa “p” da “f”. Jin Bature yana magana a hankali, ana tsayawa ana maimaitawa, yana gyara wannan, kuma zai taimaka a ɓangaren lafazi na jarabawar WAEC. Amma rubuta wasiƙa da insha'i da taƙaita labari, waɗanda su ne ke kayar da yaranmu, ba majigin da zai koya su. Sai an riƙe biro. A dare huɗun nan ban ga an buɗe littafin rubutu ko sau ɗaya ba, na kuma faɗa masa.

Ga abin da muka tsayar da shi, kuma ya amince in sanar a nan. Za a riƙa farawa bayan sallar Isha, ba a tsakanin Magariba da Isha ba kamar da. 'Yan mata gefe guda, samari gefe guda, fitila ɗaya a kunne. Yaron da bai kai sakandare ba ya zauna a gida. Ba za a ƙara sakin fim sukutum ba, sai gutsure, kuma kowane dare yaro zai dawo da rabin shafi da ya rubuta da hannunsa a kan abin da ya gani. The Lord of the Rings an ajiye shi. Harry Potter za a ɗauki farkonsa kawai. Narnia sai ranar da ni ko wani daga cikin malamai zai samu zuwa.

Ku iyaye, in yaro ya dawo kada ku tambaye shi labarin fim, zai ba ku shi da Hausa ku ɗauka ya koyi wani abu. Ku ce ya nuna muku rabin shafin. Ko ba ku iya karantawa ba, ku sa shi ya karanta muku da ƙarfi. Nawa biyun na bar su a ajin zuwa ƙarshen zangon nan, in an kawo sakamakon makaranta zan duba makin Turancinsu in gwada da na zangon da ya wuce, sannan in san ko zan biya kuɗin wata na gaba.