Maimaici da 'Yancin Makaɗi: Nazari a Kan "In C Mali"

A shekarar 1964 ne Terry Riley, wani mawallafin kiɗa ɗan Amurka, ya fito da "In C" a birnin San Faransisko. Masana na lasafta shi cikin tubalan farko na kiɗan taƙaitawa, watau salon da ake gina shi da 'yan sautuka kaɗan waɗanda ake ta maimaitawa. Rubutaccen kiɗan shafi ɗaya ne tak, mai gaɓoɓi 53. Riley bai ƙayyade yawan makaɗa ko irin kayan kiɗa ba. Kowane makaɗi zai bi gaɓoɓin bi da bi, ya maimaita kowace iyakar son ransa, muddin bai yi wa 'yan'uwansa nisa ba.

A 2013 ƙungiyar Africa Express ta ɗauki wannan kiɗa a Bamako bisa jagorancin André de Ridder, aka fito da shi a 2014. An haɗa kora da balafon da ƙwarya da gogen Turawa da muryoyin mawaƙa, a kiɗa mai tsawon kimanin minti 40. Shekara guda kafin ɗaukar, masu ɗauke da makamai sun haramta kiɗa a arewacin Mali, saboda haka taruwar makaɗan kanta tana da nauyi.

Ana iya cewa kiɗan ya koma gida ne, tun da Steve Reich, wanda ya halarci kaɗawar farko ta 1964, ya je Gana a 1970 ya koyi kiɗan Ewe. Wannan ra'ayi yana da rauni. A wurin Riley, maimaici hanya ce ta kuɓuta daga mulkin madugu da na takarda. Makaɗin kora kuwa a cikin maimaici ya tashi: zubi ɗaya yake riƙewa yana kewayawa, kamar yadda amshi ke riƙe waƙar baka, sa'an nan ya ɗora adonsa a kai. Don haka abin da ake ji a faifan shi ne gaɓoɓin Riley sun zama gindi, ƙawar kuma ta fito daga hannun makaɗan Mali.

A nan ƙarfin aikin yake, a nan kuma matsalarsa take. Sunan Riley ke bisa faifan, alhali rabin abin da kunne ke sha'awa ba a rubuce yake ba. Wajibi ne mai nazari ya tambaya: idan mawallafi ya bar wa makaɗi zaɓi, wa ke da kiɗan?