ANGURYA: TA AUDUGA DA TA 'YA MACE

 Iyayenmu da kakanninmu ina gaisuwa tare da neman afuwa, domin maganar da zan ɗauko yau magana ce da aka saba yin ta a ƙuryar ɗaki da murya ƙasa-ƙasa, to amma an ce ciwon 'ya mace na 'ya mace ne, in mu ba mu faɗa wa junanmu ba babu mai faɗa mana. Kalma ɗaya ce tak nake so mu zauna mu duba, ita ce ANGURYA, wasu su ce gurya, 'yan uwanmu na Nijar kuwa ɗan gurya suke cewa. Da yawa cikin 'yan matan birni ba su taɓa jin ta ba, wasu kuma sun ji ta sau ɗaya ne a bakin ungozoma ranar da suka haihu, kafin su tambayi ma'anarta har an aika a kira wanzami.

Asalin kalmar a gona take. Angurya ita ce ƙwayar auduga, wato irinta, 'yar baƙa-baƙa mai ɗan gashi fari a jiki, girmanta bai kai na gyaɗa ba. Kakanninmu masu kaɗi sun san ta sarai, domin kafin mace ta kai ga mazari sai ta zauna ta gurza audugar a kan dutse da ɗan ƙarfe, angurya ta fita gefe guda, sannan ta shiɓe ta, sannan ta kama kaɗi, ta fitar da zare ko abawa. Idan aka auna audugar da aka tsinko daga gona, kusan kashi 2 cikin 3 na nauyinta angurya ce. Garuruwan auduga irin su Funtuwa da Gusau da Malumfashi an san su da injinan gurza, kuma angurya ba abin zubarwa ba ce a wurinsu, ana matse mai a jikinta, a ba shanu da ragunan turka tunkuzar, a ajiye wata domin shukar baɗi.

To yaya aka yi sunan ƙwayar auduga ya koma jikin 'ya mace? Bahaushe dai ya saba aron suna a gona ya raɗa wa jikinsa. Muna cewa ƙoƙon kai da ƙoƙon gwiwa, muna cewa karan hanci, muna cewa ƙwayar ido, duk babu laifi, domin ƙoƙo da kara da ƙwaya abubuwa ne masu amfani, babu wanda ya taɓa cewa a kira wanzami ya cire wa yaro karan hanci. Amma akwai sunaye biyu da na lura sun zo da hukuncinsu a hannu. Na farko hakin wuya, wato belu, shi haki kuwa abin da aka sani da shi a gona shi ne a tuge a yar. Na biyu ita ce angurya, wadda duk macen da ta taɓa gurza ta san aikinta shi ne ta raba ta da auduga. Kin ga ke nan tun daga ranar da aka raɗa wa wannan wuri na jikin jaririya suna angurya an riga an gama shari'a, sauran aska kawai.

Abin da ya fi damuna shi ne, kalmar guda ɗaya ce amma abubuwa uku mabambanta ake kira da ita, kuma dukkansu magani ɗaya ake yi musu.

Na farko shi ne na jaririya. Za ki ji ranar wanka ungozoma ta buɗa yarinya ta ce ai wannan tana da angurya, ga ta nan ta leƙo, in ba a cire ba za ta girma ta toshe ta, ta hana ta zaman aure, ta ba ta wuya wajen haihuwa. Abin da ungozoma ta gani da idonta gaskiya ne, akwai ɗan tantani a bakin gaban kowace 'ya mace, kuma a jikin sabuwar haihuwa yakan yi kauri ya kumbura, wani lokaci har ɗan bakinsa ya leƙo waje fari-fari, shi ya sa aka kamanta shi da ƙwayar auduga. Dalilin kumburin kuwa likitoci sun bayyana shi, sinadarin jikin uwa ne da ya ratsa ta mabiyiya ya shiga jikin ɗiyar tun tana ciki. Shi ne dai yake sa ki ga nonon jariri ya kumbura, mace ko namiji, shi ne kuma yake sa wata jaririyar ta fitar da ɗan farin ruwa ko ɗigon jini a makon farko. Da zarar sinadarin ya bar jikinta sai kumburin ya rinƙa sacewa da kansa. Wato abin da ake cirewa halitta ce lafiyayya da Allah ya yi wa kowace mace, har da ita ungozomar da ke nuna shi.

Na biyu shi ne na budurwa, kuma a nan ne gaskiyar iyayenmu take, domin ba a banza suka ji tsoron toshewa ba. Akan sami yarinya jefi-jefi wadda aka haife ta tantanin nan nata a rufe ruf babu 'yar kafa, sai ta kai shekara 15 ko 16 ba ta ga al'ada ba alhali ƙirji ya fito, ga ciwon mara duk wata, ga mara tana tasowa, wata har fitsari ya rinƙa yi mata wuya, domin jinin yana taruwa a ciki babu hanyar fita. Wannan lalura ce ta gaske, amma ba ta da yawa, kuma maganinta ɗan ƙaramin aiki ne a asibiti, a yi mata allurar kashe zafi likita ya buɗe da kayan aiki masu tsabta. Yo don ana samun yarinya ɗaya cikin dubu ko fiye da wannan lalura sai a bi duk jaririyar da aka haifa da aska? Ashe in an ji wani yaro a unguwa ya karye sai a ɗaure ƙafar yaran unguwar gaba ɗaya.

Na uku shi ne na amarya, shi ne kuma ya fi ba ni takaici. Yarinya an kai ta ɗaki, kwana uku, mako guda, ta ƙi yarda da miji, da ya matso sai kuka da rawar jiki. Maimakon a sami wata babba ta ja ta gefe ta tambaye ta abin da ke damunta, sai gwaggo ta tafa hannu ta ce angurya ce, ba a cire mata ba tana jaririya. Alhali kuwa wata tsoro ne ya cika ta saboda labaran da ƙawaye suka ba ta, wata ƙuruciya ce, jikinta bai isa ba, wata ciwon sanyi ne ke sa ta jin zafi, wata kuma tsokar wurin ce take ɗamewa da kanta ba da son ranta ba, wanda shi ma ciwo ne sananne da ake magancewa da haƙuri da shawarar likita. Wata ko, mu faɗi gaskiya, mijin ne ba ta so, dole aka yi mata. Duk waɗannan sai a tattara su a kira su angurya, a danne yarinya a yanka. In ta yi shiru bayan nan a ce ta warke, babu mai cewa tsoron a sake kiran wanzami ne ya sa ta yin shirun.

Yanzu bari in juyo kanmu mu marubuta, domin a kanmu ne ƙorafina ya fi yawa. Muna iya cinye shafi uku muna siffanta tauraruwar labari, dara-daran idanu, karan hanci har baka, gashi har gadon baya, mu cinye wasu biyar muna lissafin akwatunan lefe da turamen atamfa, amma da an zo kan abin da ya shafi lafiyar jikin ita wannan kyakkyawar sai alƙalami ya yi sanyi. In ma kalmar ta fito a labari ko a wasan kwaikwayo, ɗayan biyu ne. Ko dai a sa ta a bakin kishiya ta zama gori da abin dariya, ko kuma ta zama hanyar da za a warware rikici cikin sauƙi, amarya ta ƙi miji, tsohuwa ta gano angurya, a kira wanzami, babi na gaba sai ga amarya ta ci ado tana kai wa maigida abinci da murmushi. Ba a nuna jinin da ta zubar ba, ba a nuna zazzaɓin ba, ba a nuna daren da ta kwana tana kuka don zafin fitsari ba. Wannan rubutu ha'inci ne ga mai karatu. Yarinyar da ta karanta shi tana aji uku, gobe ita ce uwa, kuma abin da ta gani a littafi shi za ta ɗauka daidai ne.

Kada wata ta ce min ai littafin soyayya ba wurin irin wannan magana ba ne. A 1990 Hajiya Balaraba Ramat Yakubu ta fitar da Wa Zai Auri Jahila? a kan yarinyar da aka cire daga makaranta aka aurar da ita ga dattijo, an yi surutu, amma mata sun karanta, kuma maganar auren dole ta shiga ɗakunan da da ba a iya yin ta. Ashe ke nan ana iya faɗar abu mai nauyi cikin labari ba tare da an zubar da kunya ko an yi batsa ba, in dai marubuciya ta san abin da take faɗa.

Ga abin da ya kamata mai rubutu da mai karatu su sani. Jaririya mai nauyin kilo 3 duk jinin jikinta bai cika kwalbar lemo ɗaya ba, kuma a kwanakin farko jinin jarirai ba ya saurin daskarewa, don haka zubar da babba zai ga kaɗan ne ita yana iya tafiya da ranta. Askar da ba a dafa ba tana iya sa mata ciwon tsinkau-tsinkau mai sandarar da jariri, kuma askar da aka yi wa wani aiki da ita tana iya ɗauko ciwon hanta ko ƙanjamau. Tabon da ya warke a wurin yana iya zama sanadin jin zafi a zaman aure, wato abin da aka ce ana gudu shi aka jawo. Ita kuma 'yar uwarta yankan gishiri, wadda ake tsaga mace ta ciki, tana cikin abubuwan da ke jawo yoyon fitsari bayan doguwar naƙuda, wanda duk ya taɓa leƙa asibitin Babbar Ruga a Katsina ya san abin da nake nufi. Abin mamaki kuma, mu ne muke cire tantanin yarinya tana kwana bakwai a duniya, mu ne kuma za mu tsaya a ƙofar ɗaki muna jiran shaida a daren farko, alhali ko ba a taɓa shi ba mata da yawa ba sa zubar da jini a wannan dare.

Kalmar nan tamu har ta shiga takardun duniya. A 1997 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ambaci angurya da gishiri da sunansu na Hausa cikin jerin yankan da ke cutar da mata. Jamhuriyar Nijar ta yi dokar hana yi wa mata irin wannan yanka a 2003, a Nijeriya kuma an sa hannu a dokar hana cin zarafin jama'a a 2015, wadda ta tanadi ɗaurin da zai iya kai shekara 4 ko tarar da za ta iya kai Naira 200,000 ko duka biyun. Amma ni a ganina doka ba ta shiga ɗakin mai jego, mu ne muke ciki.

Ba kuma zagin wanzamai nake yi ba, sana'a ce ta gado mai daraja, su ne masu aski da ƙaho tun kaka da kakanni, kuma wanzami bai taɓa shiga gida ba a kira shi ba. Mu mata mu ne masu aikawa. Kakar da ta ce a cire ma ba mugunta ce ta sa ta ba, ƙauna ce da tsoron kada jikarta ta wulaƙanta a gidan miji, abin da aka yi mata aka yi wa uwarta shi ta sani. Saboda haka 'yar uwa, in abin ya zo kanki kada ki yi wa surukarki tsawa ko ki ce mata jahila. Ki durƙusa ki ce Inna a yi haƙuri a bari mu kai ta asibiti ranar rigakafi malamar jinya ta duba, in akwai matsala su za su faɗa. Ki samu maigida tun cikin yana wata bakwai ku gama magana, domin ranar da kike kwance jina-jina ba ki da bakin musu, shi ne zai tsaya.

Ku kuma 'yan uwana marubuta, in za mu sa kalmar nan a labari mu sa ta da gaskiyarta. Mu rubuta gwaggon da ta zaunar da amarya ta tambaye ta maimakon ta aika kiran wanzami, mu rubuta mijin da ya yi haƙuri ya kai matarsa asibiti, mu rubuta budurwar da aka gano lalurarta da wuri aka yi mata aiki ta koma makaranta. Mu kuma daina kiran abu uku da suna ɗaya, na jaririya mu ce halitta ce, na budurwa mu ce toshewa ce a kai ta ga likita, na amarya mu tambaye ta da bakinta. Sunan angurya kuwa mu mayar wa auduga kayanta.

Allah ya raya mana zuriya, ya ba masu ciki sauka lafiya, ya sa mu gane gaskiya mu bi ta. Wassalam.

Taku har kullum.