Dattawan Fim: Daga Bankaura Zuwa Kafi Gwamna

A fim ɗin Hausa akwai mutanen da ba kasafai ake sa hotonsu a fosta ba, amma da za a zare su da labarin ya rushe: uban yarinya, kishiyar uwa, mai unguwa, boka, ɗan kore. 'Yan masana'antar kan kira manyan cikinsu iyaye ko dattawa. Marigayi Umar Malumfashi, ɗan Jihar Katsina, yana cikin waɗanda aikinsu ya fi nuna yadda darajar wannan matsayi ta faɗi, ta kuma sake tashi.

Shi ɗan zamanin wasan kwaikwayon talabijin ne. A wancan lokaci da hali ake sanin ɗan wasa, har sunan wasa ya danne na yanka: Samanja, Karkuzu, Kasagi, Tambaya. Shi ma haka sunan Bankaura ya bi shi har ƙarshen rayuwarsa. Ba rawa, ba waƙa, ba wani kayan aiki na a zo a gani. Mutum zai tsaya gaban kyamara ya riƙe mai kallo da bakinsa kawai, da karin magana, da sanin inda ake yin shiru. Wanda bai iya Hausa ba ba ya daɗewa a wannan fage.

Da finafinan bidiyo suka kankama bayan Turmin Danya na 1990, musamman da Sangaya ya buɗe ƙofar rawa da waƙa, sai kasuwa ta koma hannun samari da 'yan mata. Dattijo ya zama abin cike gurbi. Kowa ya san tsarin: a zaunar da shi a kujerar falo da babbar riga da carbi, ya hana aure, ya yi faɗa, can ƙarshe ya sa albarka. Fitowa uku ko huɗu, a ɗauke su a yini guda, a sallame shi. Ni a ganina wannan ce babbar asarar da Kannywood ta yi a shekarunta na tashe, domin waɗanda suka fi kowa sanin sana'ar su aka fi takaita wa magana.

Shirye-shirye masu dogon zango ne suka maido musu da fili. Bayan tashar Arewa24 ta fara aiki a 2014 aka samu Daɗin Kowa, sannan Kwana Casa'in a 2019, inda Malumfashi ya fito a matsayin Kafi Gwamna, uban gidan siyasar Gwamna Bawa Maikada a jihar Alfawa. Ba shi ke kan kujerar mulki ba, amma shi ne ya sa mai kallo ya gane yadda ake hawa kujerar da abin da ake biya bayan an hau. Mutumin unguwar Kusugu ko Sarkin Yara a Daura, garin da siyasa ta zama abin hira a kowace majalisa, ba ya buƙatar a yi masa bayanin irin wannan mutum. Ya san shi, ya san masu yi masa fadanci. Dogon zango ya ba ɗan wasan abin da fim na awa biyu ya hana shi: makonni na gina hali ɗaya a hankali, har jama'a su riƙa kiransa da sabon suna. Malumfashi ya rasu a watan Satumba na 2022.

Sai dai filin ne ya dawo, ladan bai biyo shi ba. A farkon shekarar ta 2022 Ladin Cima, wato Tambaya, ta shaida wa BBC Hausa cewa abin da take samu a fim bai wuce 'yan dubbai kaɗan ba. Wasu furodusoshi sun musanta, aka yi ta cece-kuce, ƙura ta lafa. Tushen matsalar yana nan: ana biyan dattijo bisa yawan fitowarsa, ba bisa nauyin da ya ɗauka a labarin ba, kuma galibi da baki ake ƙulla cinikin.

Don haka kira ga ƙungiyar MOPPAN da masu shirya finafinai: a sa wa iyayen fim mafi ƙarancin lada, a rubuta yarjejeniya kafin a kunna kyamara, a kuma kafa asusun lafiya da zai hana su fitowa neman taimako a soshiyal midiya idan ciwo ya kwantar da su.